Kunkurun Lawali da Kalma ta Biyar

Duk wanda ya taɓa zama da Lawali ko na yini ɗaya ya san ba ya faɗin magana sau ɗaya. Sai sau biyu, ɗaya a miƙe, ɗaya a kife. Ka ce masa, "Lawali, za ka kasuwar Tanut?" Sai ya ɗaga kai sama, ya lumshe ido, ya ce, "Jen. Lawali zai tahi Tanut. Lawali ba zai tahi Tanut ba." Ya bar ka tsaye cikin rana da igiyar jaki a hannu. Can sai ya lanƙwasa ɗan yatsa ya yi ƙas, ya ce, "Bu!" Daga nan ko dai ya tashi neman takalmi, ko ya gyara kwanciya. Ku da kuka san shi, ku faɗi tsakaninku da Allah, wa bai taɓa jin kamar ya shaƙe shi ba?

To ni na fi kowa jin haka, don na fi kowa haƙƙi a kansa. Ni ne Mutari, taubashinsa, uwata da ubansa ciki ɗaya suka fito. Tare aka yi mana kaciya, tare muka yi kiwon awaki a dajin Gangara, gonakinmu iyaka ɗaya, gidajenmu danga ɗaya ta raba. Kafin mutanen Sin su shiga tsakaninmu, Lawali sau ɗaya yake magana kamar kowane ɗan Adam, kuma rabin maganar tasa da ni yake yi. Ba ma gaisawa sai da zagi, ba ma rabuwa sai da gardama, kuma ba wanda ya isa ya shiga tsakani.

Raƙumi ne ya jawo mini. Wajen ƙarshen shekarun saba'in, ana shirin shuka, wani amale ya hambari Lawali a kwankwaso a bakin rijiya. Aka yi ɗori, aka yi tofi, aka yi sakiya, ƙafa ta ƙi takuwa. Sai wani direban kamiyo, babbar motar kaya, ya ce ai a Damagaram akwai likitoci daga ƙasar Sin, masu warkar da mutum da allura ba ko ɗigon magani a cikinta. Na ɗaure kayana zan raka shi, ya ce a'a.

"In mun tahi mu biyu, wa zai nome gonar? Zauna, Ƙaton Kai. Amfaninka ke nan."

Na zauna. Ni na yi shukarsa, ni na yi noman farko, ni na yi maimai, gonata da tasa, har bayana ya daina miƙewa. Shi kuwa yana can kwance a inuwa ana caka masa allurai yana yin sabon aboki!

Ga yadda aka yi, don na ji labarin har ya fita raina. Lawali yana da ƙoƙon wani ɗan kunkuru da ya tsinta tun muna kiwo, a ciki yake zuba garin tabarsa. Likitan da ke duba shi, wani tsoho mai tabarau da yake kira Lokotoro, ya hango ƙoƙon a gefen tabarma. Wai sai ya ajiye allurarsa, ya ɗauka da hannu biyu yana jujjuyawa. Daga ranar, duk in ya gama zagaye sai ya dawo ya tsuguna wajen Lawali, da guntun Faransancinsa, da guntuwar Hausarsa, da zane a ƙasa, yana ba shi labarin kakannin kakanninsa.

Ranar da Lawali ya dawo na tarye shi a bakin hanya da ƙwaryar fura, zuciyata fal murna. Ya sauko daga kamiyo da ƙafarsa, ya karɓi furar, ya kwankwaɗe. Na jira ya ce sannu da noma. Ya share baki ya ce, "Abokina Lokotoro ya ce hura tana da kyau ga ƙashi."

Abokina! Ni ina tsaye.

Da yamma gari ya taru a gindin itacen bedin ƙofar gidansa, ya buɗe mana karatu.

"Tun kahin a haihi Annabi Isa," in ji shi, "sarakunan Sin ba su hita yaƙi, ba su shuka, ko haƙori ne ke musu ciwo, sai an tambayi ƙoƙon kunkuru. Ba na baya ba, na ƙirji. A kankare shi sumul, a fafe ƴan ramuka ta ciki. Mai tambaya ya ce jen, wato ga abin da na ɗora a kan ƙoƙo. Sannan ya faɗi maganar a miƙe, ya kuma faɗe ta a kihe, don kada a ce ya yi son kai. Za a yi ruwa, ba za a yi ruwa ba. Sai a danna itace mai wuta cikin ramin, ƙoƙon ya tsage. Sarki ya duba tsagar ya yanke magana."

Ya share ƙasa da tafin hannu, ya ja layi a tsaye, ya fitar masa da ɗan reshe a gefe.

"Kun ga wannan? Rubutu ne. Sunanshi bu. Haka tsagar take, haka kuma take ƙara in ta tsage."

Na leƙa na ce, "Kazata kullum tana rubuta irinshi a gindin rumbu, ba ta kuwa taɓa zuwa Damagaram ba."

Bai ko dube ni ba. "To kazarka ta hi ka karatu," in ji shi.

Aka fashe da dariya, ni ma na yi, amma ta iya baki. A nan ya sanar da mu cewa kalmomi biyar Lokotoro ya ba shi na wannan sana'a, kuma ba goron suna ba ne da zai bi gari yana rabawa. Biyu muka samu ranar, jen da bu, su ma don ba yadda zai ɓoye su ne, tunda da su yake yini a baki. Kun san Lawali da riƙo. Mutumin da ke tsaga tsinken ashana gida biyu, ya tsotsi ɓarin goro tun hantsi har la'asar, ya nannaɗe sauran don gobe. Yadda yake da ashana haka ya zama da kalmomin nan.

Sai maganar ƙoƙo. Na tabar ya yi ƙanƙanta, kuma bayan ne kawai, ba ƙirjin. Ya yi ta cigiya har wani Buzu mai suna Agali, da ke sauka a gonarsa da dabbobi bayan girbi, ya kawo masa kunkuru daga arewa, ɗaure a kan raƙumi. Ƙato ne, kamar an kife babban akushi an yi masa ƙafafu. Ni da kaina na wasa wuƙa na kawo, don na ƙosa a yi a gama, taubashina ya dawo hayyacinsa.

Lawali ya tsuguna ya dubi kunkurun. Kunkurun ya zuro kai ya dube shi. Suka daɗe a haka.

"Jen," in ji Lawali. "Za a yanka. Ba za a yanka ba." Ya yi ƙas da yatsa. "Bu. Mai da wuƙarka. Mu jira shi ya mutu don kanshi."

"Kai, ka san daɗewar da kunkuru ke yi a duniya kuwa?"

"Ba sauri nake ba. Tambaya ɗaya ce gare ni, ba ta kuma ruɓewa."

"Wace tambaya?"

"Ta ƙoƙo ce, ba taka ba."

Na mai da wuƙata kube, raina a ɓace. Tun muna yara ba abin da Lawali ya taɓa ɓoye mini, har yarinyar da ya fara so ni na rigaya uwarsa sani. Yau ga shi yana ajiye magana don ƙirjin dabba.

Ban gama haɗiye wannan ba sai na je kasuwar Belbeji sayen gishirin dabbobi. Na ci karo da Agali, muka gaisa, ya ce, "Ina Wang? Yana lahiya?"

Na ce wane ne haka nan?

Ya sassauta rawaninsa don ya ji daɗin dariya. "Kai taubashinshi ba ka sani ba? Wang, sarki ke nan da bakin Sin. Sunan kunkurun ne!"

Wallahi ban sayi gishirin ba. Na juya jaki, na yi ta dukan bawan Allah har gida. Na iske Lawali yana goge wa kunkurun baya da tsumma.

"Ka ba Buzu kalma ta uku kahin ni?"

"To da mi zan biya shi? Ya ɗauko kaya tun daga arewa."

"Ni da na nome maka gona damina guda fa?"

"Kai ai na gida ne. Ana biyan na gida?"

Ni dai ban taɓa kiran dabbar nan Wang ba. Tukunya nake ce masa, har yau. Ni da aka haifa tare da Lawali, laƙabin da na samu a wurinsa Ƙaton Kai, amma abin da aka tsinto a daji ya samu sarauta tun daga Sin.

Kuma sarautar ya yi! Wurin da nake shimfiɗa buzuna a inuwar zaure shekara da shekaru, wata rana na zo na tarar Tukunya kwance a wurin. Na ce a ɗaga shi, Lawali ya ce, "Matsa can dai, kai kana da hula." Mutumin da bai taɓa ba baƙo goro cikakke ba, shi ne ke yanka guna yana miƙa wa kunkuru a baki. Ganyen wake ɗanye, yaɗiya, harawa mai kyau, duk na Tukunya ne. Shekarar da fari ya sake dawowa, muna jiƙa anza muna ci da ɗacinta, Lawali ke tafiya da ɗingishi har fadama mai nisa neman ɗan kore. Na ce masa ai ga abin da kake jira ya zo, bar shi yunwa ta yi maka aikin wuƙa. Ya dube ni kamar na zagi ubansa, wanda kuwa kawuna ne.

"In ya mutu da yunwa ƙoƙon zai yi ƙarya," in ji shi. Wannan kam na tabbata ba Lokotoro ya faɗa masa ba, a nan take ya ƙago ta.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne raɗar. Duk sanda abin da ya ɗora ya faru, kuma dole ya faru tunda ɓangare biyu yake faɗa, sai ya durƙusa gaban kunkurun, ya kai baki saitin kansa, ya raɗa masa wani abu guntu. Wai ita ce kalmar ƙarshe, ta biyar, wadda ake rufe tambaya da ita bayan abu ya tabbata. A gabana yake yi, da gangan, har yana kare bakin da hannu. Na sha matsowa kamar ina neman wani abu a ƙasa, Tukunya ya yi mini huci ya janye kai. Na je wajen Hajo, matar Lawali, ko ta taɓa ji.

"Malam Mutari," in ji ta, "ni da ke tuƙa mishi tuwo ban ji ba. In ka samo ka sammini, in ji ko da ita ake miya."

Kalma ta huɗu kuwa da rumbuna na saye ta. Kunkurun daji gwanin haƙa ne. Tukunya ya fara rami a gidan Lawali, ya bi ta ƙarƙashin danga, bai ga inda ya dace ya yi fadarsa ba sai gindin rumbuna na ƙasa, cike da hatsin shekara. Na tashi da safe na ga rumbu ya karkace, ga tsaga tun daga wuya har gindi. Na ƙwala wa Lawali kira.

Ya zo ya tsaya. Ya ja da baya, ya matso, ya karkata kai. Sai na ga idonsa na ƙyalli.

"Jama'a, ku zo ku gani! Tsaye take, ga reshenta a gehe! Yadda Lokotoro ya zana mini, ko bambanci babu!"

"Lawali, rumbuna ne!"

"Yi shiru in karanta." Ya bi tsagar da yatsa. "Wu-ho."

"Mi ke nan kuma?"

"Babu musiba. Kalma ta huɗu ke nan, na ba ka kyauta, kada ka ce ban taɓa yi maka komi ba."

Kashegari da hantsi rumbun ya zube, rugum! Damman hatsi a ƙasa, kaji da awakin unguwa suka yi sallah. Na same shi na ce, "Kai ka ce babu musiba!"

Ya nuna mini Tukunya, wanda ya fito daga ƙarƙashin ɓaraguzai yana tafiyarsa ta isa.

"Dube shi. Ko ƙwarzane bai yi ba."

Gaskiya ɗaya, shi ya kwaɓa ƙasar sabon rumbun da wannan kwankwaso nasa, ya yi ta ɗauko ruwa har aka gama. Amma ko da yana kwaɓar, labarin tsagar yake ba mutane, wai bai taɓa ganin mai kyanta ba.

Daga nan sunansa ya fita. In lokacin binne ya yi, wato shukar da muke yi a busasshiyar ƙasa kafin ruwa ya sauka, sai ka ga mutane daga Falanko, har daga Olelewa, sun zo wai Lawali Bu ya faɗa musu ko su binne irinsu. Ya ce, "Jen. Za a yi ruwa. Ba za a yi ruwa ba." Su koma, wanda ke son binnewa ya riƙe ta farko, mai tsoro ya riƙe ta biyu, kowa yana cewa mutumin nan akwai sani. Ni da na fi shi sanin hadari, wanda ke duban gabas in faɗa maka ko za a jiƙa, ba mai tambayata ko hanya.

Da magana ta kai kunnen Liman, na yi murna, ba zan ɓoye ba. Bayan sallar Juma'a ya tsai da Lawali a gaban jama'a, da sandarsa a hannu.

"Lawali, an ce ka zama ɗan duba. Ka san hukuncin mai duba da mai zuwa wajenshi?"

"Allah gafarta Malam, da mi na yi duban? Ƙoƙon ga shi can jikin mai shi, yana yawo yana cin guna. Ni dai faɗi nake za a yi, ba za a yi ba, Allah Ya zaɓi wadda Ya so. Akwai ta uku?"

Liman ya gyara riƙon sandarsa, don babu ta ukun. Sannan ya ce, "Duk da haka ka tuba, ka daina tara mutane."

Lawali ya ɗaga kai sama, ya lumshe ido. "Jen. Lawali zai tuba. Lawali ba..."

Liman ya ɗaga sanda.

"Bu!" in ji Lawali da sauri. "Zai tuba."

Ranar kaɗai a tarihin garin nan aka ji ƙoƙo ya tsage kafin a gama tambaya. Ya kuwa daina amsa wa baƙi. Amma raɗa wa Tukunya bai fasa ba, don a cewarsa wannan hira ce tsakanin maƙwabta.

Abin ya ishe ni. Wata kaka, bayan an gama ɗaurin hatsi, na ce wa iyalina za ni Damagaram gaida wani ɗan'uwa. Ni kuwa niyyata in nemo tsohon nan mai tabarau, in karɓi kalmar daga tushe, in dawo in faɗe ta da ƙarfi a gindin bedi, in ga idon Lawali. Na isa gidan likita na ce ina neman lokotoron Sin. Aka shigar da ni wajen wani saurayi ɗan Sin mai fara'a, ashe tsohon ya daɗe da komawa ƙasarsu. Na ce masa jen. Ya yi murmushi. Na ce bu, na zana masa layi da reshe. Ya ƙara murmushi. Na ga dai sai na kwatanta, sai na durƙusa a ƙasa, na ƙudundune, na zuro kai irin na kunkuru, ina nuna bayana da ƙirjina. Bawan Allah ya gyaɗa kai alamar ya gane sarai. Ya kira anfirme, wato mai jinya, suka kama ni suka kwantar a gado rub da ciki, ya jera mini allurai tun daga wuya har kugu.

Na so in ɓoye, amma direban kamiyo ya riga ni isa gari da labarin. Na tarar da Lawali a bakin hanya yana jirana, har da ƙwaryar fura.

"Sannu da zuwa, Ƙaton Kai. An ce ka tahi neman kalma ka dawo da huji."

Abin haushin, bayan nawa da ya yi shekaru yana ciwo tun noman gonarsa ya warke sarai. Lawali ya ce in gode masa, tunda ta dalilinsa na samu lafiya.

Haka muka yi ta yi har tsufa ya fara kama mu. Kullum da safe ina gidansa, ina zagin Tukunya, ina neman hanyar da zan sa bakinsa ya suɓuce, shi kuma yana tsotsar goronsa yana kallona. Wajen ƙarshen shekarun tamanin, da rani, wani tari ya kama shi ya ƙi saki. Ya rame har wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Aka ce a kai shi Tanut, ya ce jen, ya faɗi biyun, ya ce bu, ya ƙi.

Wata rana bayan la'asar Hajo ta leƙo ta kan danga ta ce yana kirana. Na same shi kwance a zaure, Tukunya a gefensa, a wurina na dā. Na ture shi da ƙafa na zauna, karon farko Lawali bai ce in matsa ba. Nan gabana ya faɗi.

"Mutari," in ji shi. Rabon da ya kira ni da sunana har na manta. "Tambayar nan tawa ba ta bukatar ƙoƙo kuma. Kana son ji?"

Na ce wa ya damu da tambayarka. Amma na matso.

Ya lumshe ido. "Jen. Lawali zai riga Mutari. Lawali ba zai riga Mutari ba."

Na zuba masa ido. Sai kuma haushi ya taso mini.

"Wannan ce? Don wannan ka ciyar da Tukunya gunar garin nan duka? Don wannan rumbuna ya zube?"

"Ita ce. Da ina kwance Damagaram, na yi damina guda ba mai zagina, ba mai ce mini ƙarya nake. Lokotoro mutumin kirki ne, duk abin da na faɗa sai ya gyaɗa kai. Kai, na sha wuya! Can na ce in haka zaman duniya yake in ba ka, gara in san wa zai riga wani barin ta."

"To mi ya hana ka yanka shi tun ranar da na kawo wuƙa?"

"In amsar ta hito ba yadda nake so ba fa?"

Na kau da kai ina duban danga. Sannan na ce, "Kalmar fa? Ita mi ya sa ka hana ni, ka ba dabba?"

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.

"In na ba ka duka, mi zai kawo ka gidana kullum da sahe kana kumbure-kumbure? Matso. Yanzu dole in ba ka, don mai tambaya shi ke ruhe tambayarshi, ni kuwa ba ni nan sanda za ta tabbata. Wang kuma ba ya magana."

Na sunkuya. Ya kare bakinsa da hannu yadda ya saba, ko da yake ba kowa sai mu uku. Warin tabarsa ya bugi hancina.

"Yun," in ji shi. "Wato hakika, haka ta kasance. In an gama ka faɗe ta. Sau ɗaya, kada ka yi mini ɓarna."

Guntuwar aba, ko numfashi guda ba ta cika ba! Na ce masa don wannan na sha allura har kugu? Ya ce ai da tsada ta same ni, shi ya sa ba zan manta ba.

Bai kai Juma'a ba. Ni na yi masa wanka, ni na shiga ramin na karɓe shi. Da aka gama addu'a mutane suka watse, Liman ya dafa kafaɗata ya ce mu tafi, na ce ina tafe. Na tsuguna wajen kansa, na kare bakina da hannu, na faɗa masa. Sau ɗaya, yadda ya ce.

Tukunya kuwa yana nan, kun gan shi, lafiyarsa ta fi tawa. Hajo ta ce wasiyya ce, ni zan riƙe shi. Ya cinye mini waken bayan gida, ya sake haƙa rami kusa da rumbu, kuma inuwar zaurena tasa ce, ni ke matsawa. Har yau in na dube shi sai na ji kishi, don shi ya ji kalmar nan daga bakin Lawali ba adadi, ni sau ɗaya tak. Amma ni ke yanka masa guna, ina zaginsa, yana huci, don dole mutum ya samu wanda zai yi wa gardama da safe.

Allah Ya jiƙan Lawali, Ya yafe masa taurin kansa, Ya sanyaya makwancinsa, Ya haɗa mu a inuwa ɗaya inda ba mai ce mini in matsa. Allah zai yi masa rahama. Wannan kam a miƙe na faɗe ta, taubashi, kuma ba zan kife ta ba. Amin.